Gargaɗi Daga Bakin Iyaka: Ana Ƙarar da Dawa Babu Mai Ɗaukar Shaida

Jama'ar Illela, jama'ar Ƙonni, ana ƙarar da dawa a kan idonmu.

Ba gobe za a fara ba. An riga an yi nisa.

Duk wanda ya haura shekara 40 a wannan yanki ya san abin da ake nufi. Ya tashi ya tarar da ungulu jere a kan katangar kwata, tana jiran mahauta su gama fiɗa. Ya tarar da ita a kan kuka, a kan rumfunan kasuwa, a bayan gari inda ake yar da mushe. Ba wanda ya kula da ita, don ba a taɓa zaton za ta iya ƙarewa ba.

To, ya je kwata yanzu. Ya je ranar Lahadi, ranar da kasuwar Illela ke ci. Ya ɗaga kai ya ƙirga.

Ina barewa? Ina gada? Yaushe rabon manomi da tayar da tuje a gonarsa? Gauraka, tsuntsuwar da Najeriya ke tinƙaho da ita, yau sai dai a gan ta a gidan mai hali an datse mata fiffike. Jimina ta ƙare a dajin Nijar, saura 'yan kaɗan da ake kiwo cikin shinge a Kelle da wasu wurare, ana fafutukar kada irinta ya yanke. Mena, barewar da ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta Nijar ke amsa sunanta, waɗanda suka rage a dawa duk duniya ba su wuce 'yan ɗaruruwa ba.

A 2016 masu bincike suka shiga Termit da Tin Tumma a Nijar, ta sama da ta ƙasa, suna neman farar dabbar hamadar nan mai murɗaɗɗen ƙaho da ake kira adaks. Uku suka gani.

Uku.

A 2014 aka fitar da sakamakon ƙidayar zakunan Afirka ta Yamma. Kimanin 400 suka rage daga Senegal har Najeriya. A Najeriya wuri biyu kaɗai aka same su, Kainji da Yankari, kuma duka ba su kai 50 ba.

Kowace ɗaya daga cikin waɗannan asara ce mai ciwo. Abin da ya fi ciwo shi ne yadda ake yin ta. Babu mai gani. Babu mai ɗauka. Babu mai ajiyewa. Dabba na ƙarewa a ƙasarmu, ba mu da ko hotonta wanda ɗanmu ya ɗauka. Yaro ɗan Illela ya san zakin Kenya, don yana ganin sa a talabijin. Bai san abin da ke dajin Gundumi ba. Bai san tsuntsayen tafkin Kalmalo ba. Abin da bai sani ba kuwa ba zai yi kukan rashinsa ba, balle ya tashi kare shi.

Ya zama wajibi mu kira abin da sunansa. Kisan ƙare-dangi ne. Kuma ciniki ne ke tura shi.

Mu tsaya a kan ungulu, domin a kanta ɓarnar ta fi fitowa fili, a kanta kuma hannunmu ya fi nutsewa.

Wani masanin tsuntsaye Bafaranshe, Jean-Marc Thiollay, ya bi hanyoyin Burkina Faso da Mali da Nijar yana ƙirga tsuntsaye tsakanin 1969 da 1973. Ya sake bin hanyoyin nan a 2003 da 2004. Ya tarar manyan ungulaye sun ragu da kashi 98 cikin 100 a wajen gandun daji. Ungulun kwata, wadda muka saba da ita, ta ragu da kusan rabi. Wannan fa tun fiye da shekara 20 da suka wuce ke nan. A 2015 ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sanya ta cikin jerin halittun da ke dab da ƙarewa.

Ina take zuwa? Kowa ya sani.

Tana kan tabarmar 'yan shimfiɗa. Kanta daban, ƙafarta daban, gashinta daban. Ana saye don neman sa'a. Ana saye don farin jini a kasuwa, don cin zaɓe, don duba, don hauka da farfaɗiya. Ana zuba wa nama guba a ajiye, su sauko su ci, su zube gaba ɗaya. A Gini Bisau, a 2020, ungulu fiye da 2,000 aka kashe da guba cikin 'yan makonni, da yawansu aka same su babu kai.

Wani bincike da aka buga a 2016 kan cinikin irin waɗannan tsuntsaye a kasuwannin Afirka ta Yamma da ta Tsakiya ya nuna kashi 73 cikin 100 na gawarwakin a kasuwannin Najeriya aka gan su. Mu ne babbar kasuwar. Da namu suka yi ƙaranci, sai aka koma ɗebo na maƙwabta. Yohanna Saidu da Ralph Buij sun zagaya kasuwannin Arewa sun tattauna da masu sana'ar, kuma Nijar na cikin ƙasashen da 'yan kasuwar suka ambata da bakinsu a matsayin inda kaya ke fitowa.

Ga misali guda da duniya ta sani. A 2013 masu bincike a dajin Dadia na ƙasar Girka suka ɗaura wa wata 'yar farar ungulu mai ƙaura na'urar bin sawu, suka raɗa mata suna Paschalis. Ta ƙetare Bahar Rum. Ta ƙetare Sahara. Ta sauka kudancin Nijar don ta yi hunturu. A ƙarshen Fabrairun 2014 aka kashe ta. Na'urar ba ta daina magana ba, sai ga ta tana nuna hanyar Najeriya. Ma'aikatan Sahara Conservation Fund da na cibiyar binciken tsuntsaye ta APLORI da ke Jos suka bi sawu, suka gano maharbi ne daga Najeriya, mai zuwa Nijar musamman don ungulu.

Ta tsira daga teku. Ta tsira daga hamada. Ba ta tsira daga hannunmu ba.

An san labarin wannan ne kawai don tana ɗauke da na'ura. Dubban da ba su da na'ura fa?

Kaya ba ya tashi sama daga Nijar ya faɗo Najeriya. Ta ƙofa yake bi, ko ta ɓarauniyar hanya da ke gefen ƙofa. Kamba, Illela, Jibiya, Kwangwalam, Maigatari. Garinmu na cikin manyan ƙofofin nan. An rufe iyaka a Agustan 2019 saboda shinkafa da fetur, aka buɗe ta Illela a Disambar 2020. An sake rufewa bayan juyin mulkin Nijar na 2023. A duk wannan tsawon lokaci an binciki buhun shinkafa, an binciki jarkar mai. Sau nawa muka ji an tsayar da wani saboda buhun kawunan tsuntsaye, ko fatar damisa, ko ɗan barewa a ɗaure cikin kwali?

Ya zama wajibi jami'in da ke kan shinge ya san cewa wannan ma fasa-ƙwauri ne. Ya fi na shinkafa muni, don shinkafa ana sake shuka ta.

Kada wani ya ce ina ruwansa da tsuntsuwa mai cin mushe. Da ruwanka, musamman in kai ɗan Illela ne.

Arzikin garin nan dabba ce. Shanu, raƙuma, tumaki da awaki na shigowa kara daga Nijar da bayanta, a loda su zuwa Kudu. Inda dabba ta taru haka dole wata ta faɗi, a hanya ko a kasuwa. Wa ke kwashe mushen? Shekara da shekaru ungulu ce ke wannan aiki, ba albashi, ba godiya. Kafin mushe ya ruɓe ta gama da shi. Cikinta na da ƙarfin da ke kashe ƙwayoyin cuta, har da na cutar saifa da makiyaya ke tsoro. Idan babu ita, mushe zai kwanta yana ɗoyi kwana da kwanaki. Ƙuda zai sauka a kansa, ya tashi ya sauka a kan abinci. Ruwan sama zai wanke shi zuwa kududdufin da dabba ke sha, yara ke wanka. Karnuka za su yawaita. Inda karen da ba shi da ubangida ya yawaita, haukan kare na biye.

Wannan ba hasashe ba ne. Ya faru a Indiya.

A shekarun 1990 makiyayan Indiya suka rungumi wani maganin ciwon jiki mai suna dikulofenak suna yi wa shanu. Duk ungulun da ta ci mushen saniyar da aka yi wa, sai ƙodarta ta lalace ta mutu. Cikin shekaru kaɗan fiye da kashi 95 cikin 100 na ungulayen ƙasar suka shuɗe. Sai a 2006 aka haramta maganin ga dabbobi. Masana biyu, Eyal Frank da Anant Sudarshan, sun ƙiyasta a binciken da suka buga a 2024 cewa rashin ungulun ya jawo mutuwar ƙarin mutum kimanin 500,000 tsakanin 2000 da 2005.

Mutum rabin miliyan, saboda tsuntsuwar da aka raina.

Gemun ɗan'uwanmu ya riga ya ƙone. Mu kuma muna nan riƙe da ashana.

Su Indiya da kuskure suka kashe tasu. Mu da gangan muke kashe tamu, da farashi a kanta.

Yanzu mu dawo kan maganar shaida.

A ranar 18 ga Fabrairun 2004, a kan hanya kusa da Birnin Ƙonni, nan ƙetaren iyakarmu, hatsarin mota ya ci ran Jean Rouch yana da shekara 86. A Yamai aka binne shi. Bafaranshe ne da ya fara zuwa Nijar a 1941 a matsayin injiniya, daga baya ya rungumi kyamara. Ya ɗauki Sarkawa suna farautar dorina a kogin Kwara a farkon shekarun 1950. Ya shafe shekaru yana bin maharba a kan iyakar Nijar da Mali da Burkina, har ya fitar da fim ɗin farautar zaki da baka a 1965. Mutane ya je ɗauka, da al'adunsu, ba kare dabba ya kai shi ba. Amma yau babu zaki a dajin da ya yi wancan fim. Abin da ya ɗauka ya zama hujjar cewa an yi zaki a wurin.

Baƙo ne ya ajiye wa yankin wannan shaida. Fiye da shekara 20 ke nan da rasuwarsa a bakin ƙofarmu. Wa ya ɗauki kyamara ya shiga dajin Sakkwato? Wa ya ɗauki na Tawa da na Maraɗi da harshen Hausa, don Bahaushe?

Ba rashin gwanaye ba ne. Nijar ta haifi Oumarou Ganda da Moustapha Alassane, waɗanda duniya ta san aikinsu. Kano ta fitar da Turmin Danya a 1990, kuma daga nan masana'antar finafinan Hausa ta yi dubban finafinai. An yi na soyayya. An yi na kishi da gado da ban dariya. Akwai masu ɗauka, akwai masu tacewa, akwai masu zuba kuɗi, akwai miliyoyin masu kallo. Nawa ne daga cikin dubban nan aka yi a kan gawo da ƙirya da ake mayarwa gawayi? Nawa aka yi a kan tafkin da ke ƙafewa?

Ya zama wajibi masana'antar nan ta ji nauyin wannan tambaya.

Abin da ya fi tayar da hankali shi ne kyamarar ta riga ta shiga dawa, amma a hannun ɓarna. Yau in an kashe mesa, ko kada, ko kura, kafin jinin ya bushe bidiyon ya karaɗe Facebook da TikTok. Ana ihu. Ana kirari. Ana jan gawar a ƙasa, yara na biye. Mai kisan ya zama gwarzo, wani matashin ya gani ya ce shi ma sai ya yi nasa. Duk wanda ya tura irin wannan bidiyo yana yabo, ya sa hannu a kisan da zai biyo baya.

Abin da muka rasa shi ne mutumin da zai mayar da ɗaukar dawa sana'arsa, ya tsaya da ƙafarsa, ba a aljihun kowa ba. Irin wannan mutum ya taɓa juya hukuma. Mike Pandey, Ba'indiye haifaffen Kenya, ya ɗauki yadda ake yanka wani ƙaton kifin teku a gaɓar Gujarat, ya fitar da fim ɗin a 2000. A 2001 gwamnatin Indiya ta haramta kashe kifin. Rahoto a takarda ana iya jefa shi cikin durowa. Abin da ido ya gani yana da wuyar musu.

Sana'ar ba ta da sauƙi, kuma ba za mu yaudari matasanmu ba. Mai ita zai kwana a dawa mako da makonni don minti biyu na hoto. Zai sha zafin bazara da sanyin hunturu. Kyamarar da ke jawo nesa kusa tana da tsada, ga batir, ga sola, ga man babur, ga takardun izini na ƙasa biyu in zai bi dabbar da ba ta san iyaka ba. In ya gama, ba gidan talabijin da ke jiran sa da kuɗi a hannu. Fim ɗin barewa ba ya kawo abin da fim ɗin soyayya ke kawowa.

Ga kuma haɗari. Joan Root, wadda ta yi shekaru tana finafinan namun daji tare da Alan Root a Gabashin Afirka, ta ƙare rayuwarta tana faɗa da masu kwashe kifin tafkin Naivasha. A Janairun 2006 aka harbe ta a gidanta. A nan kusa da mu, a ranar 9 ga Agustan 2020, 'yan bindiga suka kashe mutum takwas a Kure, wurin raƙuman dawa, Faransawa shida da 'yan Nijar biyu, cikinsu har da shugaban masu yi wa baƙi jagora.

A yankinmu yau, wanda ya shiga daji da kyamara yana tsakanin wuta uku. Ɗan bindiga zai ce infoma ne. Jami'in tsaro zai ce ɗan leƙen asiri ne. Mai cinikin kan ungulu zai ce ya zo toshe masa hanyar abinci.

Wannan ma wani ɓangare ne na bala'in. Sambisa gandun namun daji ne a da. Kamuku da Kuyambana wuraren kare dabbobi ne. Rugu da Gundumi gandun daji ne na hukuma. Yau in an ambaci sunayen nan, ba giwa ko gwanki ke zuwa zuciyar mutum ba. Aka bar malaman daji babu mota, babu kayan aiki. Aka daina shiga. Aka daina dubawa. Dajin da mutanen kirki suka juya wa baya, miyagu suka mayar da shi gida. Mutanen Tangaza da Gudu sun ɗanɗana, Illela ma ba ta tsira ba. Wanda ya ɗauka maganar dawa maganar dabbobi ce kawai, ya je ya tambayi wanda aka kora daga gonarsa.

Ya zama wajibi mu gane cewa dajin da ba a kallon sa ba ya zama fanko. Wani zai cike shi.

Akwai mutanen da ya kamata a fara nema a wannan aiki, kuma su ne ake yawan zagi: maharba. Babu jami'ar da ta san dajin nan kamar tsohon maharbi. Ya san sawu. Ya san ta inda iska ke kaɗawa. Ya san yadda ake ɗaura kan burtu a goshi a rarrafa har gaban dabba ba ta ankara ba. Duk abin da mai ɗaukar fim ke buƙata ya koya cikin shekara goma, maharbi ya gada. Kuma maharbin asali yana da ƙa'ida: akwai lokacin farauta, akwai dabbar da ba a taɓawa. Mai zuba guba a mushe ba maharbi ba ne, maɓarnaci ne, kuma sarakunan baka sun fi kowa sanin bambancin. A haɗa tsohon maharbi da matashi mai kyamara. A biya shi ladan jagora wanda ya fi abin da zai samu in ya harba. Dabbar da aka harba sau ɗaya ake cin kuɗinta. Wadda aka ɗauka a hoto tana nan, gobe ma a dawo mata.

Wanda ya ce an makara, ya dubi ƙetaren iyaka.

Raƙumin dawa na Afirka ta Yamma ya taɓa yawo daga Senegal har tafkin Chadi, Arewacin Najeriya na ciki. A 1996 guda 49 suka rage a duniya, duka a yankin Kure. Hukuma ta hana kisa, manoma suka yi haƙuri da ɓarnar wake, masu jagora suka samu abin yi. Yau sun haura 600. A 2018 aka ɗauki takwas aka kai gandun Gadabeji a jihar Maraɗi. A Maraɗin nan dai, tun 1983, manoma suka fara barin kututture ya tofo a gona maimakon sassabe shi, har Nijar ta farfaɗo da itatuwa kimanin miliyan 200. A kwarin Majiya an fara dasa layukan dogon yaro don tare iska tun 1975. Hausawa ne suka yi wannan, masu ƙasa irin tamu da ruwan sama irin namu.

Majiyar nan ita ce ke gangarowa ta Ƙonni ta zuba a Kalmalo. An yi madatsai a Mozage da Zango don noman rani. Najeriya da Nijar sun sa hannu a yarjejeniyar Maiduguri a 1990 kan rabon ruwan da suke tarayya a kai, kuma wannan kwari na ciki. Ku tambayi dattawan Kalmalo yadda tafkin yake a da, da kifinsa, da dinya da kirinjijiya da ke sauka a kansa. Ku tambaye su yadda yake yanzu. Da a ce wani ya riƙa ɗaukar tafkin nan duk shekara, da yau muna da abin ajiyewa a gaban hukumomin ƙasashen biyu.

Ba mu da shi. Laifinmu ne.

Doka ba ita muka rasa ba. Jihar Arewa ta yi dokar namun daji tun 1963. Najeriya ta yi doka ta 11 ta 1985 kan cinikin dabbobin da ke fuskantar ƙarewa, aka ƙara mata ƙarfi a 2016. Nijar na da dokar farauta ta 1998. Duk suna nan a rubuce. Mai zartarwa ne babu, mai tona asiri ne babu.

Addini ma bai bar mu cikin duhu ba. Suratul An'am ta sanar da mu cewa dabbobi da tsuntsaye al'ummomi ne irinmu. Mun san hadisin matar da aka yi wa azaba saboda kyanwa. A Maratta, nan ƙasar Ƙonni, aka haifi Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a 1754, kuma ƙanensa Malam Abdullahi na Gwandu ya yi rubutu kan hukunce-hukuncen ƙasa, har da hurumi. Mutanen da suka gaji wannan ba su da uzurin da za su kawo.

Saboda haka ya zama wajibi malamanmu, Allah ya gafarta musu, su hau mumbari da wannan magana. Su faɗa wa mai neman sa'a da kan ungulu cewa ya haɗa laifi biyu: ya dogara ga abin da ba ya amfanarwa, ya kuma sa an kashe rai a banza. Ɗan siyasar da ke aikawa a sayo masa a ɓoye, shi ma ya ji.

Ya zama wajibi iyayenmu sarakuna, Allah ya ja zamaninsu, su kira sarakunan fawa da na baka da shugabannin 'yan shimfiɗa da masu maganin gargajiya, na nan da na Ƙonni. A zauna. A yanke cewa kan ungulu ba zai ƙara hawa tabarma a kasuwannin nan ba. Masu maganin da suka san aikinsu sun san saiwa da ganyen da ke maye gurbi, su fito su faɗa.

Ya zama wajibi kwastan da jandarma da ma'aikatan gandun daji na ɓangarorin biyu su riƙa buɗe buhun da suka saba ɗaga wa hannu.

Ya zama wajibi Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da jami'o'in Tawa da Maraɗi su haɗa ɗaliban nazarin halittu da na aikin jarida, su ba su kyamara su tura su inda ake iya shiga. Gidan talabijin na Rima, NTA Sakkwato, Tele Sahel da Arewa24 su ware lokaci, su kuma biya mai aikin haƙƙinsa. A zamanin Sardauna motar majigi na bin ƙauyuka tana wayar da kai kan noma da tsafta. A dawo da wannan, a haska wa mutanen Araba da Gidan Ciwake dajinsu da harshensu.

Ya zama wajibi attajiran Illela su sa hannu a aljihu. Abin da ake kashewa a biki ɗaya ya isa ya sayi kayan aiki, ya riƙe matashi shekara guda a wannan sana'a. Dukiyar da kuka tara daga bayan dabba ta fito. Kun fi kowa asara in mushe ya fara kashe garke.

Duk wanda ya ga ana zuba guba, ko ana ƙulla cinikin nan, ya sani ya kawar da kai, to da shi aka yi.

Kai kuma matashi mai waya a hannu, kada ka jira babbar kyamara. Kada kuma ka jefa kanka dajin da ba shi da tsaro. Ka fara da abin da ke kusa da kai. Ka ɗauki shamuwa in ta iso da farkon damina. Ka ɗauki gawon da ya rage a gonarku, ka rubuta rana da wuri. In ka ga sheƙar ungulu ka ɗauka daga nesa, kada ka bayyana inda take. Sannan ka je wurin tsofaffin maharba da masunta da makiyaya, ka durƙusa ka gaishe su, ka ce, "Baba, a ba ni labarin abin da aka gani a dajin nan." Ka naɗi muryarsu da sunan kowace dabba da inda suka gan ta a karo na ƙarshe. Mutanen nan suna tafiya ɗaya bayan ɗaya. Ka je wurinsu a cikin wannan mako.